Yadin da aka rubuta wa "shrinkproof" ya tsuke bayan wanki

Assalamu alaikum. Yadin auduga kala uku ke hannuna: an rubuta wa ɗaya "shrinkproof", na biyu "shrink-resistant" (mai wuyar tsukewa), na uku "pre-shrunk" (wanda aka riga aka tsuke). Ƙamus ya ce na farko yana nufin yadin da ba ya tsukewa, amma gwaji ya nuna akasin haka.

Na yanki santimita 100 daga kowanne, na shata alama da zare. A ruwan sanyi da shanya a inuwa, duk sun tsaya a 99. Da na wanke da ruwa mai zafin digiri 60, na bi da guga, "shrinkproof" ɗin ya koma 96 ta tsawo, faɗinsa kuwa bai motsa ba. A kaftani mai tsawon santimita 125, an yi asarar 5 kenan, kuma kalmasa ba za ta cike ba.

Na san "Sanforized", wata kalmar da ake rubuta wa yadi, na nufin tsukewar ba za ta wuce kashi 1 cikin 100 ba. Sauran ukun ne suka ɗaure mini kai.

Malamai, cikinsu akwai wadda ke ɗaure masaƙa da takamaiman adadin tsukewa, ko duk kalmomin talla ne kawai?