Abin da na tsinta a majalisa kan bashin banki da kotu

Jiya bayan la'asar a majalisarmu nan Birnin Kebbi zancen bashin banki ya taso, wani ɗan uwanmu manomin shinkafa ruwa ya cinye mai gona a fadama, ga banki ya kai shi kotu, sammacin na ninke a aljihun riga har ya jiƙe da zufa.

Wani lauya da ke zama da mu ya ce kar ya kuskura ya ƙi zuwa, in ba ka je ba a bayan idonka za a yanke hukunci. Kotu ba ta yafe bashi, amma ko bayan hukunci kana iya roƙon alƙali ya bari ka riƙa biya kaɗan kaɗan, sai dai fa ba da baki kawai ba, ka kai takardun asusunka da rasit na abin da ka biya da hotunan gonar, ka faɗi adadin da da gaske za ka iya duk wata. Ni dai nan na fi yarda da shi, don mutanenmu kunya ke sa su yi alkawarin da ya fi ƙarfinsu.

Wani ya ce a kwashe kuɗin a kai wani banki, aka yi mai dariya, tun 2020 akwai tsarin GSI na CBN da ya ba bankin da ke bin ka bashi damar cire kuɗinsa daga asusunka na wasu bankuna, ta BVN ɗinka za su bi su cire.

Batun 'yan sanda kuma, dokarsu ta 2020 ta hana kama mutum don bashi kawai. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin Legal Aid, kyauta suke yi wa marasa hali.