Sababbin shiga sun ce tsarin tafiyarmu ya yi yawa, me kuka gani?

Ɗan Talladje:
Salamu alaikum ƴan uwa. Muna da gurup na masu hawan dutse a Yamai, duk Lahadi muke haye gadar Kennedy mu bi ta Harobanda har duwatsun nan uku da ake cewa Trois Sœurs. Tsarinmu tun farko ɗaya ne, haɗuwa bayan sallar asuba, kowa da bidon ruwansa, a ƙirga mutane kafin a hau a sake ƙirgawa in an sauko, sai shayi a gindin dutse. To yanzu sababbi suna cewa abin ya zama kamar lokol, wai kowa ya zo sanda ya ga dama a haɗu a sama. Raina bai kwanta ba amma ban so a ce na cika tsauri.

Yaya daga Yantala:
Wa alaikumus salam ƙanena. Maganar asuba kam kar ku taɓa ta, ka san Afrilu da Mayu zafin Yamai na wuce digiri 40 kuma can sama ba inuwar kirki, wanda ya fara hawa ƙarfe 10 shi kaɗai in jiri ya ɗebe shi ko ƙafa ta gurɗe wa zai sani? Kowa zai ɗauka bai zo ba ne. Waya na iya mutuwa, rezo na iya ɗaukewa, ƙirgen nan shi ke nuna an bar wani a baya.

Hajiya ta Bukoki:
Ni shayin nake karewa wallahi. Kafin a sha na ɗaya da na biyu da na uku baƙo ya saki jiki, an san unguwarsu, an ji ko yana da hawan jini ko asma, gobe in bai zo ba akwai mai kiransa. Amma ku ɗan sassauta lokacin hunturu, Disamba da Janairu gari bai waye da wuri kuma mu mata ba kowane gida ke barin fita cikin duhu ba.

Ba'adare:
Mu daga Tawa tabkin Tabalak muke zuwa kallon tsuntsaye da masunta, abin da ba mu wasa da shi sai an faɗa ma na gida inda za mu da lokacin dawowa, kuma magariba ba ta riske mu a hanya. Tun harin da ƴan bindiga suka kai a Kure a Agustan 2020 fita daji ba ta zama abin kowa ya yi gaban kansa ba. Sai dai malam, yaran nan ku ba su aiki a hannu, wannan ya riƙe ƙirge wancan gawayi da sukari, wanda aka ɗora ma nauyi ba ya raina tsarin.

Ɗan Talladje:
Na gode ƙwarai. Lahadin nan zan ba ɗayansu ƙirgen. Hajiya ƙarfe nawa kike ganin ya dace da hunturun, 7 ta yi?