Shin 'yan sanda za su iya tsare mana gida alhali ana jayayya a kansa?

Mai tambaya, Garwa:
Assalamu alaikum. Yayana ya rasu ya bar mata da yara a gidan da ya gina a Jambutu. Bayan an gama takaba, wani mutum ya zo da takardar ciniki mai ɗauke da sa hannun jauro (mai unguwa), yana cewa marigayin ya sayar masa da rabin filin. Yanzu ya zube yashi da bulo a ƙofar gida, ya kuma yi barazanar rushe katangar. Da na kai ƙara komisariya (ofishin 'yan sanda), sai aka ce mini maganar fili ce, in tafi kotu. Shin akwai hanyar da za a ba marayun nan kariya kafin a yi shari'a?

Tsohon ma'aikacin kotu, Ngaundere:
Wa alaikumus salam, Allah ya jiƙan mamacin. Malam, abin da aka faɗa maka gaskiya ne, amma bai cika ba. Ɗan sanda ko jandarma ba shi da hurumin cewa fili na wane ne, sai dai barazana da kutsawa cikin wurin da wasu ke zaune lafiya laifi ne da ya shafe su. Sashe na 239 na kundin hukunta laifuka na Kamaru ya tanadi ɗaurin kwana 15 zuwa shekara ɗaya ga wanda ya shiga filin da wani ke riƙe da shi cikin lumana ta hanyar da za ta tayar da hankalin jama'a, ko da kuwa filin nasa ne. Saboda haka kada ka rubuta ƙararka a kan mallaka. Ka rubuta ta a kan barazanar da kutsen, da ranar da abin ya faru da sunayen shaidu, ka miƙa ta ga mai gabatar da ƙara na gwamnati, domin shi ne ke ba 'yan sanda da jandarmomi umarnin bincike. Kafin nan ka ɗauko wisiye, wato jami'in shari'a mai rubuta shaida da aiwatar da umarnin kotu, ya zo ya rubuta abin da ya gani na yashi da bulo, tunda takardarsa ta fi hoton waya nauyi a gaban alƙali.

Ɗan kasuwa, Marwa:
Ni ina ganin a fara da lawan (dagacin da ke sama da jauro), idan ta gagara a je fadar lamido, domin jauron da ya sa hannu ba zai iya ɓoye gaskiya a gabansu ba. Kuma kada ku tara matasan unguwa, don da zarar an zub da jini ku ne za ku koma waɗanda ake tuhuma.

Tsohon ma'aikacin kotu, Ngaundere:
Alhaji, sulhu alheri ne, amma ba ya hana magini aza bulo. Abin da ke dakatar da gini shi ne umarnin gaggawa daga shugaban kotu, kuma da shi a hannu wisiye zai iya neman rakiyar jami'an tsaro. Sannan a bincika ko filin yana da titir fonsiye, wato takardar mallakar fili ta gwamnati. Idan yana da shi, dokar ƙasa ta 1974 ta ce cinikin da ba a yi a gaban notar (jami'in da doka ta ba ikon rubuta da tabbatar da takardun ciniki) ba ɓatacce ne. Idan ba shi da shi, maganar za ta koma ga kwamitin da superefe (babban jami'in gwamnati na gundumar) ke shugabanta.

Mai tambaya, Garwa:
Na gode, Baba. Matar marigayin ta ce ya fara neman titir ɗin bai kammala ba, don haka zan je ofishin filaye in nemi lambar fayil ɗin kafin in rubuta ƙarar.