Me "I'm down" ke nufi a ciniki?

Assalamu alaikum. Ina sayar da atamfa da leshi a kasuwar Wuse, Abuja, yawancin cinikin ta WhatsApp. Na faɗa wa wata kwastoma kuɗin leshi, sai ta rubuto "I'm down" kawai, daga nan shiru. Ƙamus ya ce "down" ƙasa ne, ko baƙin ciki. Manhajar fassara ta ba ni "ina ƙasa", alhali shagona ba a bene yake ba. Ƙanena ya ce ta amince ke nan, maƙwabcina kuma ya rantse ba ta da kuɗi take nufi. Na kira, ba ta ɗauka, ga wata Hajiya tana son leshin. Don Allah, a ciniki wannan maganar amincewa ce ko fasawa?