Wai ɓarakar nan ta sama a Dragon Age: Inquisition, me ya yage ne takamaimai?

Sadiq_PS4:
Salam 'yan uwa. Dan Allah waɗanda suka gama gem ɗin nan ku ɗan fahimtar da ni, turancinsu da sauri yake kuma ni ina tsallake hira da yawa. Tun farko dai na ga wani ƙaton koren rami a sama yana juyawa, aljanu na zubowa, aka ce hannuna ne kaɗai zai iya rufe shi. To na ɗauki ɓangaren matsafa a Redcliffe, mun je mun rufe shi, ana cikin murna aka kawo mana hari a sansaninmu na Haven, yanzu ina sabon sansaninmu na Skyhold amma duk inda na shiga sai na tarar da ƙananan ramukan nan suna nan daram. To wai me muka rufe kenan? Kuma saman ce ta yage ko me?

Baban_Hanif:
Wa alaikumus salam. Ba saman ce ta yage ba ƙanina, a labarinsu duniya biyu ce. Akwai Thedas inda mutane suke, akwai kuma Fade, duniyar ruhohi, can mutum yake zuwa in yana mafarki kuma daga can matsafa suke jan ƙarfinsu. Tsakaninsu akwai shamaki da suke kira Veil, shi ne ya ɓarke. Abin ya faru a shekara ta 9:41 a lissafinsu, lokacin da shugabar addininsu Justinia ta kira taron sulhu tsakanin matsafa da dakarun Templar a wani tsohon wurin ibada da ke saman dutse kusa da Haven, sai wurin ya tashi gaba ɗaya, kowa ya mutu sai kai.

Maganar ƙananan kuwa, ka ɗauka tsohon zani ne aka fizga da ƙarfi, tsakiya ya yage amma gefe-gefe ma duk zare ya saki, ɗinke tsakiyar ba zai gyara sauran ba. Shi ya sa sai ka bi su ɗaya bayan ɗaya. Ko babbar ma in ka ɗaga kai za ka ga tabonta bai ɓace ba.

Ummi_Gamer:
Ni abin da ya fi taɓa ni, kuma mutane ba sa lura saboda suna ta sara kawai, yawancin aljanun nan ba hari suka kawo ba. Ruhohi ne suna zaman zamansu a Fade aka fizgo su ta ramin da ƙarfin tsiya, duniyarmu ta yi musu nauyi suka haukace suka rikiɗe. Ka riƙa zama kana hira da Solas, matsafin nan ɗan ƙabilar elf (masu dogayen kunnuwa) da ke cikin tawagarka, zai yi maka bayani. Akwai ma aikin da zai roƙe ka ka raka shi Exalted Plains ya ceci wata ƙawarsa, ruhin hikima ce, wasu matsafa suka ɗaure ta wai ta yi musu faɗa sai ta koma ƙaton aljanin girman kai mai ƙaho, in ka fasa ginshiƙan da suka ɗaure ta sai ta dawo siffarta na ɗan lokaci su yi sallama da yarensu ta watse. Wlh daga ranar na daina jin daɗin rufe ramukan nan kamar da.

Af, kuma akwai wani rami a Hinterlands a bakin rafi kusa da gonar Dennet mai dawakai, kar ka kusance shi sai ka yi ƙarfi sosai, ya kashe mutane ba adadi. In kana faɗa a bakin rami ka lallaɓa ka miƙa masa hannun tun aljanu ba su ƙare ba, yana sumar da su na ɗan lokaci.

Dan_Sabon_Gari:
Ku dai kuna ta yabo amma ni gaskiya BioWare, kamfanin da ya yi gem ɗin, sun yi wasa da damarsu. Sun ba ka abu mafi ban tsoro a gem ɗin sannan suka bari ka rufe shi tun ba a je ko'ina ba, daga nan ka koma tsinkar ganye da neman ragon wani a jeji. Wuri ɗaya ne na ji tsoron ɓarakar da gaske, can Redcliffe da aka jefa ka shekara ɗaya gaba kai da matsafin nan Dorian, ka fito tsakar gida ka ga ta cinye sama gaba ɗaya, duwatsu na shawagi, abokanka a kurkuku idanunsu jawur. Da haka aka yi ta tafiya tana girma a kan idonka da wa zai tsaya tsinkar ganye? Wai kuma a haka gem ɗin ya ci gwarzon gem na 2014.

Baban_Hanif:
Kana da gaskiya ta wani ɓangaren, amma ai Corypheus, babban mugun labarin, yana sake buɗe ta a ƙarshe. Sadiq in ba ka son a ɓata maka labari tsaya a nan.

Corypheus ɗin da ya rushe maka Haven shi ya jawo abin, so yake ya shiga Fade da jikinsa ya zama abin bauta, ya kama Justinia zai yi tsafi da ita da wata ƙwallo ta tsoffin elf, kai kuma ka faɗo ɗakin, ƙwallon ta gangaro ka ɗauka da hannun hagu. Asalin alamar da ke hannunka mai rufe ramukan kenan, ba wata baiwa ba ce, katsalandan ne kawai. Ƙwallon kuwa ta Solas ce. A ƙarin da suka fitar a 2015, Trespasser, shi da bakinsa yake gaya maka cewa shi ya kafa Veil ɗin tun asali don ya kulle sarakunan elf da suka kashe ɗaya daga cikinsu, Mythal, kafin nan duniya biyun a haɗe suke, kuma yanzu so yake ya rushe shi duka ko da kowa zai halaka. A kan haka gem ɗin da ya biyo baya, Veilguard na 2024, ya ɗora.

Sadiq_PS4:
Kai Baba ai na riga na karanta kafin in ga gargaɗin 😭 Solas ɗin da na ba kayan yaƙi mafi tsada? Yau zan tuɓe masa su. To hannun fa, yana warkewa?

Ummi_Gamer:
Hmm. Ka dai sayi Trespasser ɗin, kuma kar ka saba da riƙe garkuwa.