Japchae: me ya sa taliyar ke caɓewa ta dunƙule?

Maman Hanifa (Gwale):
Assalamu alaikum. Ina neman taimako kan japchae, taliyar nan ta Koriya mai kama da gilashi da ake haɗawa da naman sa da ganye. Da zarar an sauke sai ta manne ta zama dunƙule, ƙasan kwano kuma ruwa ya taru. Ina matsalar take? Kuma nawa ne ma'aunin kayan haɗin?

Anti Bilki (Nassarawa):
Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Fara duba ledar taliyar. Ta japchae sunanta dangmyeon, da sitacin dankalin Hausa ake yin ta, launinta toka-toka, tana da kauri da tauri. Akwai wata siririya fara ta China da ake yi da sitacin wake, ita jiƙawa kawai take so. Idan aka tafasa ta kamar dangmyeon, dole ta caɓe.

Ga ma'auni na mutum huɗu: taliya giram 250, nama giram 200, soya sos (ruwan ɗanɗano na waken soya) cokali 4, sukari cokali 2, man riɗi cokali 2, tafarnuwa ƙwaya 3, karas babba 1, albasa 1, tattasai ja 1, alayyafo ɗauri ɗaya, ƙwai 2.

Ki zuba taliyar sai ruwa ya tafasa sosai, kuma ruwan ya yi yawa. Minti 6 zuwa 7. Ki ciro zare ɗaya ki gutsura: idan tsakiyar ba fari, ta yi. Ki tace, ki ɗauraye da ruwan sanyi don wanke sitacin da ke sa ta manne, ki bar ta ta tsane. Sai ki sa almakashi ki datse ta sau biyu ko uku, nan take ki juya ta da cokali ɗaya na man riɗi da cokali biyu na soya sos. Wannan matakin mutane ke tsallakewa. Taliyar da aka bari a matsami ba mai, ko minti biyar ba ta yi sai ta kama juna.

Malam Chef (Zoo Road):
Abin da Anti ta faɗa haka yake. Maganar ruwan ƙasan kwano kuwa, daga ganyen yake. Japchae ba a haɗa shi a tukunya ɗaya irin dafa-duka. Kowane abu daban ake soya shi a wuta mai ƙarfi da ɗan mai da ɗan gishiri: albasa minti biyu, karas minti biyu, tattasai minti ɗaya. Idan aka cika kasko, zafin ya faɗi, kayan su fara zubar da ruwa, maimakon soyuwa sai su sulala.

Alayyafon da muke saya a Yankaba ko Rimi ba irin na Koriya ba ne, karansa ya fi tauri. A tsinke ganyen kaɗai, a tsoma a tafasasshen ruwa kamar daƙiƙa 40, a jefa a ruwan sanyi, a matse da hannu har sai ya daina ɗiga. A matse da gaske, Hajiya, yawancin ruwan nan daga nan yake fitowa.

Nama kuma a ce wa mahauci tsoka mara jijiya, irin ta masu tsire. A sa a firiza rabin awa ya ɗan daskare, a yanka siri-siri a gicciye, ba bin tsawon tsokar ba, in ba haka ba tauna za ta yi wuya. A jiƙa shi minti 20 da cokali ɗaya na soya sos, ƙaramin cokalin sukari, dakakkiyar tafarnuwa da masoro kaɗan. Soyawa minti biyu zuwa uku ya isa. A ƙarshe a haɗa komai a babban kwano da ragowar soya sos, sukari da man riɗi, a juya da hannu. Ƙwan a soya shi siririn waina, a yayyanka a ɗora sama.

Maman Hanifa (Gwale):
Na gode ƙwarai. Man riɗin namu na gida zai yi? Kuma a sa magi?

Anti Bilki (Nassarawa):
Kar ki sa magi, soya sos ɗin gishiri ne da kansa. Ki nemi soya sos mai ruwa-ruwa, baƙi mai kauri yana dafar da launin taliyar.

Man riɗi kuwa, na Koriya daga soyayyen riɗi ake tatsa, shi ya sa yake ja-ja da ƙamshi. Idan wanda kika samu fari ne mara ƙamshi, ki soya riɗi cokali biyu a busasshen kasko kamar za a yi kantu, ki ɗan daka, ki barbaɗa a ƙarshe. Riɗi dai ba mu rasa shi ba, ga Dawanau.

Wasu girke-girken suna sa giyar shinkafa a jiƙon nama. Ki bar ta, ba abin da zai ragu. Ki kuma karanta bayan kwalbar soya sos, wasu ana ƙara musu barasa.

Ummu Sadiq (Hotoro):
Ƙari kaɗan: japchae ba abinci mai yaji ba ne, zaƙi-zaƙi da gishiri ne, don haka a ajiye yaji a gefe ga mai so. Ana cinsa da ɗumi ko bayan ya huce, amma a zafin Kano kar a bar shi a waje ya wuni saboda ganyen. Idan ya kwana a firji taliyar za ta yi tauri ta dishe. A ɗumama a kasko da cokali biyu na ruwa, a yi ta juyawa har ta koma garai.