Dole sai na koma Kano kafin a karɓi rubutuna na wasan talabijin?

'Yar Tudun Wada: Assalamu alaikum. Ina Gusau, malamar firamare ce ni, da dare nake rubuta labarai ina sakawa a WhatsApp. Yanzu na gama wani mai dogon zango, a kan bazawara mai sayar da fura a bakin tasha da rigimar gadon marayunta. Burina in gan shi a talabijin. Duk wanda na tambaya sai ya ce in tattara in tafi Kano. Baba ba zai yarda ba, ni ma ba na son barin ɗalibaina. Akwai hanya daga nan?

Malam na Birnin Kebbi: Wa alaikumus salam, ɗiyata. Tun jihar Sakkwato tana ɗaya, kafin a cire Kebbi a 1991, nake rubuta wasan rediyo da talabijin, kuma ban taɓa zama Kano ba. A lokacinmu da biro muke rubutawa, a kai wa mai tafireta. Ke kuwa waya ta ishe ki turawa.

Abin da zai tsayar da ke ba nisa ba ne, salon rubutun ne. A littafi kina iya cika shafi da abin da ke zuciyar bazawarar nan. Kyamara ba ta ganin zuciya. Sai ki nuna ta tana ƙirga kuɗin ciniki sau biyu, ta kwance bakin zani ta sake dubawa. Raba labarin fitowa-fitowa, kowace ki rubuta wuri, da rana ce ko dare. Shafi ɗaya kusan minti ɗaya ne a allo. Ki rage wurare, don kowane sabon wuri mota ce da abinci da mai na janareta, kuma furodusa wannan yake fara lissafawa kafin daɗin labari. Tashar taki ma tana da tsada, hayaniya ke cinye sauti.

Kada ki tura duka. Taƙaitaccen bayani shafi ɗaya da kashi na farko sun isa.

Ummu Hanan: Anti, ki riƙe maganar ƙarshen nan. Na tura wa wani furodusa labarina cikakke, ya yi shiru, daga baya na gan shi a YouTube an canza sunaye kawai. A rubuta yarjejeniya: nawa ne kowane kashi, yaushe za a biya, kuma sunanki ya fito a allo.

Ɗan Ƙaura: Tun da Arewa24 ta fara a 2014 ake neman masu iya jan labari mako-mako. Roƙona ɗaya, Malama: ki bar bazawarar ta yi Zamfarcinta. Na gaji da ganin harshenmu sai a bakin wanda aka sa don a yi dariya.

'Yar Tudun Wada: Na gode ƙwarai, Allah Ya saka da alheri. Baba Malam, idan na mayar da teburin furar ƙofar gidanta, tashar ta fito sau ɗaya kawai a kashi na farko, hakan zai yi?